Yadda sunan magarya ya faɗa ruwa ya hau kan bado

Bado dai kowa ya san shi. Da zarar damina ta yi nisa, tafkuna da kududdufai sun cika, sai ka ga faffaɗan ganyensa ya shimfiɗu a kan ruwa, fararen furanni suna leƙowa ta tsakani. A littattafan masana tsirrai sunansa Nymphaea lotus, kalma biyu da aka aro daga tsohon Girkanci, kuma babu ɗaya a cikinsu da aka ƙaga dominsa. Ta farkon ba ta da wahalar bi, za mu zo kanta. Ta biyun, wato lotus, ita ce mai ja-in-ja, domin suna ne da tsirrai da dama suke amsawa, wasunsu kuwa babu dangin iya babu na baba.

Furen da jam'iyyar BJP ta Indiya ta yi tambari da shi, lotus ake ce masa. Wata ƙaramar bishiya mai ƙaya da ke fitowa a busassun wurare na Libiya da Tunisiya, 'yar uwar magarya ta jini, ita ma lotus. Akwai kuma wata ciyawa mai rawayan fure da Turawa ke shuka wa dabbobi, ita ma sunan ke nan. Mai fassara zuwa Hausa da ya buɗe ƙamus ya ga an rubuta bado a gaban kalmar, ya ɗauka ya wuce, sau da yawa ya yi kuskure bai sani ba. Abin tambaya shi ne: yaya aka yi ƙaya da furen ruwa da abincin doki suka tarayya a suna ɗaya, kuma wane ne ya riga wani?

Mafi tsufan wurin da kalmar ta bayyana a rubuce shi ne waƙoƙin Homer, mawaƙin Girka da ake kyautata zaton ya rayu wajen ƙarni na 8 kafin Miladiyya. Tun a bakinsa ma kalmar ta riga ta rabu biyu. A wasu baitocin lotos ciyawa ce da dawaki ke ci a fadama. A wani wurin kuma abincin mutane ce. Ya ba da labarin Odisiyus, jarumin da ke kan hanyar komawa gida bayan yaƙi, guguwa ta kwashe jiragensa kwana tara a teku, a na goma suka sauka a ƙasar wasu mutane masu cin lotos. Ya aiki mutum uku su gano ko su waye. Mutanen ƙasar ba su taɓa su ba, illa sun ba su abin nan sun ɗanɗana. Duk wanda ya ci sai ya manta da gida, ya ce shi a nan zai zauna. Sai da Odisiyus ya jawo su suna kuka, ya ɗaure su a cikin jirgi, kafin aka iya tashi. Homer bai siffanta tsiron ba. Sau ɗaya ya ce abincin fure ne, sau ɗaya ya ce ɗan itace ne mai zaƙin zuma, kuma wannan harshen damo nasa shi ya bar wa na baya aiki.

Waɗanda suka biyo bayansa sun fi shi bayani, kuma dukkansu gaɓar Afirka ta Arewa suka nuna. Herodotus, marubucin tarihi na ƙarni na 5 kafin Miladiyya, ya ce masu cin lotos suna zaune a wani tsini na gaɓar Libiya, ɗan itacen ƙarami ne, zaƙinsa irin na dabino, har giya suke yi da shi. Theophrastus, almajirin Aristotle, ya kawo labarin rundunar Ophellas, mai mulkin birnin Kurane da ke Libiyar yau, wadda guzuri ya ƙare mata a hanyar zuwa yaƙi da Kartaj, tsohon birnin da ke Tunisiyar yau, wajen shekara ta 308 kafin Miladiyya, ta yi kwanaki babu abin ci sai wannan ɗan itace. Polybius kuwa, wanda ya taka ƙasar da ƙafarsa a ƙarni na 2 kafin Miladiyya, ya ce bishiyar ba ta da girma, tana da kaushi da ƙaya, 'ya'yanta suna ja in sun nuna, da ɗan ƙwallo a ciki. Ana tara su a daka, a cusa a tuluna a ajiye, na bayi a haɗa da tsaki, na waɗanda ba bayi ba a cire ƙwallon. Tsofaffin marubuta sun ma ayyana tsibirin Jarba na Tunisiyar yau a matsayin ƙasar waɗannan mutane.

Bahaushe ba ya buƙatar a gaya masa wace bishiya ce wannan. Masana suna kiranta Ziziphus lotus, magaryarmu kuma Ziziphus mauritiana, kurna Ziziphus spina-christi. Ɗaki ɗaya suka fito. Wanda ya tashi a karkara ya san aikin da Polybius ya gani: a shanya 'ya'yan magarya su bushe ƙamas, a zuba a turmi a yi ta kirɓawa a hankali don kada ƙwallon ya fashe, a tankaɗe da rariya, garin ya fito ja-ja mai zaƙi da ɗan tsami a ƙarshen harshe, a yayyafa masa ruwa a dunƙula. Mungo Park, ɗan Sikotilan ɗin nan da ya zo neman kogin Kwara, ya tarar da wannan aiki a 1796 a ƙasar Karta, cikin Malin yau. Ya ga yadda ake busarwa, a daka, a yi curi-curi a sake shanyawa, har ƙwallon ma a girgiza shi cikin ruwa a yi kunu da gero. Nan take ya ce ai wannan shi ne lotus ɗin da tsofaffin littattafai ke magana. A kan jinsin ya ɗan kauce, don abin da ya gani magarya ce ba ta Libiya ba, amma a kan dangin ya dace.

Daga wannan reshe ne kalmar ta shiga wurin da ya fi shafar mai karatu Musulmi. Alƙur'ani ya ambaci sidr sau huɗu: sau ɗaya a Suratu Saba'i, sau biyu a Suratun Najm, sau ɗaya a Suratul Waƙi'a. Malaman tafsirinmu suna fassara Sidratul Muntaha da magaryar tuƙewa, kuma da ganyen magarya ake wankan gawa a ƙasar Hausa saboda hadisin da ya ce a yi da ruwa da sidr. Masu fassara zuwa Turanci da suka nemi kalma sai suka ɗauko lote, wadda gutsuren lotus ce da ya daɗe a harshensu da ma'anar bishiyar nan mai ƙaya. Ba su yi laifi ba a zamaninsu. Amma yau, da kalmar ta fi shahara da furen ruwa, mai karanta fassarar Turanci yana iya zana wa kansa hoton fure yana shawagi a tafki, alhali ayar Waƙi'a tana yi wa 'yan Aljanna bushara ne da magaryar da aka cire wa ƙaya. Furen ruwa ba shi da ƙayar da za a cire. A Hijaz da Yaman, abin da suke ce wa sidr, wanda ƙudan zuma ke yin zumar nan mai tsada daga furensa, kurnarmu ce. A ƙasashen Magrib kuma, wato yammacin Afirka ta Arewa, sidra ita ce ainihin bishiyar Polybius. Malamanmu da suka ce magarya sun tsaya cikin dangin, abin da kalmar Turancin ta daina yi.

To yaya aka yi sunan ya faɗa ruwa? A nan ma Herodotus ne shaidarmu ta farko. Da yake bayanin yadda mutanen fadamun Masar ke sauƙaƙa wa kansu tsadar abinci, ya ce idan Nilu ya cika ya malale filaye, wasu furanni sukan fito da yawa a cikin ruwan, waɗanda a cewarsa Misrawa ke kira lotos. Sukan tsinko su, su shanya a rana, su daka ƙwayoyin da ke tsakiya, su yi gurasa su gasa. Saiwar ma ana ci, tana da ɗan zaƙi, dunƙulalliya ce kamar girman tuffa.

Wannan bado ne, babu tantama. Ka kamo ganyensa ka juya: bayan ja-ja ne mai jijiyoyi a fili, bakin yana da haƙora ƙanana, akwai tsaga guda da ta shiga har inda kara ya kama. Furen da yamma yake buɗewa, ya kwana a buɗe, hantsi na ɗagawa ya rufe. Bayan 'yan darare sai karan ya lanƙwashe ya ja shi ƙasa, ɗan ya nuna a ƙarƙashin ruwa inda ido ba ya gani. Mai nema sai ya shiga ya laluba da hannu ko da ƙafa. In ka fasa shi za ka tarar da ƙwayoyi ƙanana birjik cikin wani abu mai yauƙi. Saiwar kuma tana kwance cikin laka, tafki ya ƙafe ta yi shiru duk tsawon rani, ruwa na dawowa ta toho. Shi ya sa bado ke bayyana a kududdufin da watanni kaɗan baya ƙasa ce tsattsage. Mutanen fadamun Haɗeja da Nguru da na bakin tafkin Chadi sun san cin 'ya'yansa da saiwarsa, musamman a shekarar da hatsi ya gaza. A Sudan ta Kudu abin da Herodotus ya rubuta yana nan ana yi har gobe: lokacin yunwar da aka ayyana a Leer da Mayendit a watan Fabrairun 2017, da lokacin ambaliyar da ta kewaye Bentiu a 2021, da bado iyalai masu yawa suka rayu, mata na shiga ruwa har ƙirji su tara, su shanya, su daka.

A ganina a nan amsar take. Baƙon Girka da ya zo Afirka ta Arewa bai zo da ma'aunin ganye da saiwa ba. Abin da ya gani a Libiya: talakawa na tara wani abu da babu wanda ya shuka, su busar, su daka, su yi abinci mai ɗan zaƙi. Abin da ya gani a Masar: talakawa na tara wani abu da babu wanda ya shuka, su busar, su daka, su yi abinci mai ɗan zaƙi. Ɗaya a tudu, ɗaya a ruwa, amma a turmi suka haɗu, sai suna ɗaya ya wadatar. Haka mu ma muke yi yau, kowane garin wanki omo ne a bakinmu, ko wane kamfani ya yi shi. Suna yakan bi aikin da abu ke yi wa mutane fiye da yadda yake bin asalinsa.

Akwai abin da ke ƙarfafa wannan. Sauran bishiyoyin da tsofaffin marubuta da masu sharhinsu suka liƙa wa sunan duk irin guda ne. Ɗaya ita ce Celtis australis, wadda ake sassaƙa sarewa da itacenta, har mawaƙan Girka kan ce wa sarewar kanta lotos. 'Yar uwarta a wurinmu ita ce zuwo. Ɗayar ita ce Diospyros lotus, 'yar uwar kanya. Magarya, zuwo, kanya: kowacce ƙaramin ɗan itace ne mai zaƙi da ƙwallo, na daji, abin da yara da matafiya ke tsinka su jefa a baki. Inda wannan bayani ya yi rauni shi ne ciyawar doki, sai dai in za a ce ita ma abinci ce mai daɗi da ke fitowa da kanta, dabba ce kawai mai ci. Game da tushen kalmar kanta, masana harshe sun rabu. Wasu na danganta ta da lot ta Ibrananci, wani ƙaro mai ƙamshi da Attaura ta lissafa cikin kayan ayarin fataken da suka tafi da Annabi Yusuf (AS) Masar. Wasu na ganin Girkawa sun gaje ta ne daga wani harshe da aka yi a gaɓar Bahar Rum kafin zuwansu. Abin da ɓangarorin biyu suka haɗu a kai shi ne kalmar baƙuwa ce a Girkanci, kuma baƙuwar kalma ta fi saurin zamewa daga wannan abu zuwa wancan, tunda mai faɗinta ba ya jin wata ma'ana a cikinta da za ta riƙe shi.

Wani abin lura: Herodotus ya ce Misrawa ne ke kiran furen lotos, amma rubuce-rubucen Misrawan da kansu ba su nuna haka ba. Sunan da ke jikin bangon kaburburansu da takardunsu shi ne seshen. Da shi suke kiran farin bado, akwai kuma ɗan uwansa mai shuɗin fure, wanda shi da safe yake buɗewa ya rufe da rana ta karya. Wannan ɗabi'a ta sa suka haɗa shi da fitowar rana da farkon halitta a addininsu. A kabarin Tutankhamun da aka buɗe a 1922 an sami sassaƙen kan yaron sarkin yana fitowa daga cikin furen. Ita ma kalmar seshen ta yi nata yawon. Masana da yawa na ganin daga gare ta Ibrananci ya sami shoshanna, Larabci ya sami sausan, sai dai a can ta sauka a kan furannin tudu. Sunayen mata irin su Susana da Suzan da Sausan duk daga nan suke. Wato sunan da Misrawa suka raɗa wa bado ya bar ruwa ya hau tudu, a daidai lokacin da sunan bishiyar tudu ya gangaro ya maye gurbinsa.

Sai furen Indiya, wanda a yau ya ƙwace sunan daga kowa. Herodotus ya gan shi a Masar, amma bai ce masa lotos ba. Ya ce wani fure ne daban mai kama da wardi, gidan 'ya'yansa kamar saƙar zanzaro, a ciki akwai ƙwayoyi masu girman ƙwallon zaitun da ake ci ɗanye ko busasshe. Theophrastus ya kira shi waken Masar. Ba ɗan ƙasa ba ne a can. Ana kyautata zaton daga Asiya aka kawo shi, mai yiwuwa bayan Farisawa sun ci Masar a shekara ta 525 kafin Miladiyya, domin ba a ganinsa a zane-zanen tsofaffin fir'aunoni, daga baya kuma ya ɓace daga Nilu. Turawan da suka isa Indiya da Sin ƙarnuka da yawa bayan haka suka tarar da fure mai tsarki a tafkunan wuraren bauta, gumaka na zaune a kansa, suka tuna da fure mai tsarki na Masar, suka ɗora masa sunan. Masu shi kuwa suna da nasu sunayen, padma da kamal a Indiya, nelum a harshen Sinhala na Sri Lanka. Daga wannan na ƙarshe Michel Adanson ya samo Nelumbo a 1763, sunan da masana ke amfani da shi har yau. Adanson ɗin nan Bafaranshe ne da ya yi shekaru a Senegal, kuma da sunansa aka yi wa kuka laƙabin Adansonia.

Ko da ido ana raba su. Ganyen bado yana kwance a kan ruwa da tsagarsa. Na Nelumbo yakan miƙe sama da ruwa, zagayayye ne babu tsaga, kara na tsakiya. Bado yana ɓoye ɗansa a ƙasa. Nelumbo yana ɗaga nasa sama ya bushe a iska. Ruwa ba ya kama ganyen Nelumbo ko kaɗan, ɗigo yakan gangara ya kwashe ƙura ya tafi, abin da masanan Jamus Wilhelm Barthlott da Christoph Neinhuis suka yi bayanin sirrinsa a 1997, har kamfanonin fenti suka kwaikwaya. Amma babban abin mamakin ya zo ne da aka fara gwada ƙwayoyin halitta a shekarun 1990. Sai ga shi bado da danginsa suna cikin rassan da suka fara ɓallewa tun farkon tarihin tsirrai masu fure, Nelumbo kuwa ya fi kusa da manyan itatuwan inuwar nan na titunan Landan da Faris da ake kira Platanus. Zaman ruwa ne kawai ya sa suka yi kama. Saboda haka wanda ya ce tambarin BJP bado ne, ya faɗi abin da mai sauraro zai gane, amma bai faɗi daidai ba.

Kalmar farko ta sunan, Nymphaea, labarinta gajere ne. A Girkanci nymphe amarya ce ko budurwar da ta isa aure, kuma da ita suke kiran wasu 'yan matan ɓoye da suka yi imani suna zaune a idon ruwa da ƙoramu da tafkuna, kusan abin da mu ke ce wa 'yan ruwa. Pliny, marubucin Rum na ƙarni na 1 Miladiyya, ya kawo almarar cewa furen ya tsiro ne daga wata irin wannan budurwa da kishin Hercules, jarumin almarar Girka da Rum, ya kashe, shi ya sa wasu ke kiransa da sunan jarumin. Dioscorides, likitan da suka yi zamani ɗaya, bai bi ta kan almara ba, ya ce da alama an kira shi haka ne don yana son wurin ruwa. Na fi gamsuwa da likitan. Irin almarar Pliny yawanci bayan suna take zuwa, mutane su ga suna su ƙaga masa dalili. Misrawan yau ma, ba tare da wani Hercules ba, suna ce wa furen ara'isun Nil, amaren Nilu. Farin abu da ke buɗe fuska da dare a kan ruwa ba ya buƙatar dogon labari kafin a kira shi amarya.

Ɗan makarantar Maraɗi ko Damagaram kuwa da wani suna na uku ya san bado a aji, na Faransanci: nénuphar. Wannan ta gabas ta zo, ta hanyar likitoci. A Sanskrit, tsohon harshen Indiya, akwai nilotpala, haɗin nila, shuɗi, da utpala, furen ruwa. Farisawa suka mayar da ita nilufar, Larabawa suka karɓa suna cewa nilufar ko ninufar, ta shiga littattafan magani a matsayin abin sanyaya jiki. Da aka juya littafin Ibn Sina zuwa Latin a birnin Toledo na Sifaniya a ƙarni na 12, tare da wasu irinsa, kalmar ta bi su cikin Turai. Mutane da yawa in sun ji nil a farkonta sai su ɗauka kogin Nilu ake nufi. Ba shi ba ne, launi ne. Har yau Nilufar sunan mata ne a Iran da Uzbekistan da Bangladesh, Turkawa kuma suna da Nilüfer, sunan matar Orhan, sarki na biyu na daular Usmaniyya. A 1809 masanin Ingila James Edward Smith ya yanki wutsiyar kalmar ya yi Nuphar, ya raɗa wa wani dangin bado na Turai da furensa rawaya ne. Kalmar da asalinta shuɗi ta ƙare a kan rawaya, babu wanda ya ɗaga gira.

Faransawa ma sai da suka yi rigima a kanta. Ƙamus ɗin hukumar kula da harshensu ya riƙa rubuta ta da f daga 1762, sai a 1935 aka mayar da ita ph, bisa zaton cewa 'yar uwar nymphéa ce ta Girkanci. Gyaran rubutun 1990 ya dawo da f, tunda kalmar Farisanci ce ba ta da ruwa da Girka. Da masu buga littattafan makaranta suka ce za su bi gyaran a 2016, sai aka yi ta kumfar baki a jaridu da intanet cewa ana lalata harshen kakanni, nénufar na kan gaba cikin misalan da ake kawowa, alhali rubutun da suke karewa ko shekara ɗari bai yi ba a ƙamus ɗin hukumar.

Da a ce akwai wanda zai warware wannan kulli, Carl Linnaeus ne, masanin Suwidin da ya kafa tsarin suna mai kalma biyu. Daga littafinsa na 1753 ake fara ƙirga sunayen tsirrai, kuma ƙa'ida ita ce sunan da ya riga shi ke zama. Maimakon ya zaɓi mai haƙƙi ɗaya, sai ya raba gado. Bado ya ba shi Nymphaea lotus. Bishiyar Libiya ya ce Rhamnus lotus, kafin masanin Faransa Lamarck ya mayar da ita cikin Ziziphus a 1789. 'Yar uwar kanya ta sami Diospyros lotus. Na Indiya ya cusa shi cikin dangin bado da sunan Nymphaea nelumbo, kuskuren da Adanson ya gyara bayan shekara goma. Duk waɗannan a matsayin kalma ta biyu suka samu, wato laƙabi. Babban sunan, Lotus da babban harafi, wanda ke kan dangi sukutum, ya miƙa shi ga ciyawar dokin Homer: wasu ƙananan tsirrai fiye da iri ɗari, 'yan uwan wake da gyaɗa, masu fitar da 'ya'ya a kwanso.

Ga mai fassara, abin da ya rage shi ne ya dubi inda kalmar ta fito kafin ya taɓa ta. In maganar tsohuwar Masar ce, ya ce bado kansa tsaye. In ta Indiya ko Sin ko addinin Buddha ce, ina ganin badon Asiya ya fi, muddin ya sani a ransa cewa aron suna ya yi kamar yadda Turawa suka yi, ko kuma ya bar kalmar yadda take ya ƙara da bayani. In fassarar aya ce, magarya. Mutanen da Odisiyus ya sauka a ƙasarsu kuwa, bisa shaidar Herodotus da Polybius, masu cin magarya ne, ko da yake babu wanda ya taɓa cin magarya ya manta hanyar gida. Wannan ɓangaren na mawaƙi ne. In kuma a takardar aikin gona ko kiwo ya ci karo da Lotus corniculatus, to ya nemi ma'anarsa wajen harawa.